Kafin ka biya kuɗin wani kwas ɗin, kafa katangar tsaro a ɗakinka

Rubutun yau yana da ɗan tsawo, a yi haƙuri da ni. Na yi shi ne saboda ƙannenmu maza da mata da suka tsunduma harkar tsaron intanet a 'yan shekarun nan.

Tun da ma'aikatar sadarwa ƙarƙashin Bosun Tijani ta ƙaddamar da shirin 3MTT a ƙarshen 2023, da niyyar koya wa matasa miliyan 3 sana'o'in fasaha, kusan kullum sai na ga wani ya ɗora hoton satifiket ana ta zuba masa "Allah ya sanya albarka". Ni ma ina cikin masu addu'ar, wallahi abin farin ciki ne. Amma akwai abin da ke damuna. Da yawa daga masu satifiket ɗin nan, in ka ajiye musu kwamfuta biyu ka ce su hana ɗaya magana da ɗaya amma kowacce ta ci gaba da hawa intanet, sai ido ya raina fata. Sun san ma'anar katangar tsaro a takarda, sun ci jarrabawa a kanta, amma hannunsu bai taɓa rubuta doka ko guda ɗaya a cikinta ba.

Ra'ayina shi ne, duk wanda yake son wannan sana'a da gaske, kafin ya biya kuɗin kwas na gaba ya nemi tsohuwar kwamfuta, ya kafa katangar tsaro a cikinta a matsayin baƙuwar kwamfuta, ya yi wata uku yana ginawa yana rushewa. Amma ina da sharaɗi. Kada ya ɗora intanet ɗin mutanen gidansu a kanta sai ya cika wasu ƙa'idoji da zan lissafa a ƙasa.

Na san ba duk masu karanta ni ne 'yan harka ba, don haka bari in faɗi mene ne abin. Katangar tsaro, wadda 'yan harka ke kira fayawol, aikinta aikin mai gadi ne a zaure. Duk saƙon da zai fita daga gida zuwa intanet, ko zai shigo, ta gabanta yake bi. Idan wayarka ta nemi wani shafi, katangar ta rubuta cewa wane ya fita aike zuwa wuri kaza, in amsa ta dawo ta gane ta ta buɗe mata. Wanda kuwa ya zo daga waje ba wanda ya gayyace shi, ta juya shi a bakin ƙofa. Kowace rauta da MiFi da ke gidajenmu tana da irin wannan mai gadi a ciki. Sai dai mai gadi ne da ba ya ba ka rahoto. Ba ka ganin wa ya fita, ina ya je, sau nawa. Ba ka iya ce masa wannan ɗakin kada ya shiga wancan. Mafi muni kuma, bayan 'yan shekaru kamfanin da ya ƙera rautar ya daina aiko da gyara, ita kuma tana nan a kan kanta tana ƙifta fitila.

Wannan ba ƙaramar magana ba ce. A Oktoban 2016 wata manhajar ɓarna mai suna Mirai ta tara kyamarorin tsaro da rautoci masu ɗimbin yawa, ta afka wa kamfanin Dyn, har Twitter da Netflix suka gagari mutane da yawa a Amurka na tsawon sa'o'i. Da me ta shiga na'urorin? Da jerin sunaye da kalmomin sirri kusan 60 waɗanda suke zuwa daga masana'anta, masu kayan ba su taɓa canza su ba. A watan Mayun 2018 masu bincike na Cisco suka sanar da VPNFilter, wadda ta kama rautoci aƙalla 500,000 a ƙasashe 54, har hukumar FBI ta roƙi jama'a su kashe rautocinsu su kunna. A Janairun 2024 kuma ma'aikatar shari'a ta Amurka ta ce ta wargaza wata rundunar ɗaruruwan tsofaffin rautocin gida da ƙananan ofisoshi, akasarinsu na Cisco da Netgear waɗanda aka daina gyarawa, da ake fakewa da su ana kutse. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Na san wani zai ce, to mu ina ruwanmu, mu da muke kan layin waya? Kamfanonin waya suna haɗa dubban mutane a bayan adireshi ɗaya, abin da ake kira CGNAT, saboda haka na waje ba ya iya ƙwanƙwasa ƙofarka kai tsaye. Haka ne, kuma Starlink ma a tsarinsa na gida haka yake yi. Amma ɓarawon yanzu ba lallai ya haura katanga ba, kai ne kake sayo shi a kwali ka kawo shi falo. A Disamban 2024 hukumar tsaron intanet ta Jamus ta datse hanyar na'urori kusan 30,000 da suka zo da manhajar BADBOX tun daga inda aka ƙera su. A Yunin 2025 FBI ta fitar da gargaɗi a kan wannan manhaja, kuma kayan da ta fi ambata su ne akwatunan talabijin masu arha na Android da makamantansu. Ka san irinsu, marasa sanannen suna, waɗanda ake cewa za ka kalli ƙwallo da finafinai kyauta. Irin wannan na'ura ita ce ke kiran masu ita daga ciki, kuma rautarka ba za ta hana ba, tunda a wurinta ɗan gida ne ya fita aike. Ana sayar da layinka ga wasu su aikata zamba da shi, da datarka, kai kuma kana ta zagin kamfanin waya wai suna shanye maka data. Ba za ka taɓa ganin wannan ba sai kana da katangar da ke rubuta shige da fice.

To me ake nufi da a kafa ta a matsayin baƙuwar kwamfuta? Akwai manhajar da ke raba kwamfuta ɗaya ta zama kamar gidan haya, kowane ɗaki da tasa kwamfutar mai cin gashin kanta. Ita ainihin kwamfutar ita ce mai masauki, na cikinta su ne baƙi. A ɗaki ɗaya ka sa katangar tsaro, a wani Windows, a wani Linux, ka haɗa su da wayoyi da suwic na cikin manhaja waɗanda ba a saye da kuɗi. Abin da a da sai ofis mai cike da ƙarafa, yanzu yana shiga akwati ɗaya a ƙarƙashin tebur.

Haɗin da nake ba da shawara shi ne Proxmox a matsayin mai masauki, OPNsense a matsayin katanga. Proxmox wani kamfani ne a birnin Biyana na Ostiriya yake yin ta tun 2008, a kan Debian take zaune. OPNsense kuma ta ɓalle ne daga pfSense a Janairun 2015, kamfanin Deciso na ƙasar Holan ke kula da ita, tana fitar da babban sabon salo sau biyu a shekara, Janairu da Yuli. Ita da pfSense duk a kan FreeBSD suke, kuma zuciyarsu ɗaya ce, wato pf, wadda aka fara rubutawa don OpenBSD a 2001. Ba ni da faɗa da mai son pfSense, abin da ka koya a ɗaya zai yi maka aiki a ɗayar.

Ina da dalilin zaɓar waɗanda kowa ke da ikon ɗauka. Shekara da shekaru masu ɗakin gwaji a gida sun dogara da ESXi ta kamfanin VMware wadda ake bayarwa kyauta. Broadcom ya kammala sayen VMware a Nuwamban 2023, a Fabrairun 2024 aka janye ta kyautar, sai a Afrilun 2025 aka dawo da ita. Haka a Oktoban 2023 kamfanin Netgate ya daina bayar da pfSense Plus kyauta ga masu gwaji a gida, ya bar musu ta gama-gari. Ban ce sun yi laifi ba, kayansu ne. Amma kai da kake lissafi da naira, kada ka gina karatunka a kan kyautar da mai ita zai iya janyewa da safe. Kuma don Allah a guji waɗannan kwafin na sata na katangun kamfanoni da ake rabawa a Telegram. Ka ɗauko mai gadi daga hannun wanda sana'arsa fasa makulli, sannan ka ce kana tsaro?

Maganar kayan aiki kuwa, ba sai ka sayi sabar nan mai ƙarar jirgi ba. Ƙananan kwamfutocin ofis na gwanjo irin su Dell OptiPlex, HP EliteDesk ko Lenovo ThinkCentre sun wadatar. Microsoft ta daina tallafa wa Windows 10 ranar 14 ga Oktoban 2025, kuma tsofaffin kwamfutoci da yawa ba su cika sharaɗin Windows 11 ba. Ofisoshi suna ajiye su, amma ga wannan aikin lafiyarsu ƙalau. Ka nemi mai RAM 16GB in da hali, 8GB ma za ta fara, da faifan SSD. Ka shiga BIOS ka kunna VT-x. Ka ba OPNsense ƙwaƙwalwa biyu da RAM 4GB da wajen 30GB na faifai. Sauke Proxmox bai kai 2GB ba, OPNsense bai kai 1GB ba, kuma mutum ɗaya in ya sauke zai iya raba wa abokansa goma a filasha.

Wuta fa? Ai dole a yi lissafinta. A Afrilun 2024 aka kai kuɗin wutar 'yan rukunin A naira 225 kowane yunit kafin a ɗan rage daga baya. Mu ɗauki wannan farashi. Ƙaramar kwamfuta mai jan wat 15, in ta kwana ta wuni har wata guda, ta sha yunit 10.8, wato wajen naira 2,430. Tsohuwar saba mai jan wat 150 kuwa za ta sha yunit 108, naira 24,300. Bambancin ya fi fitowa in an ɗauke wuta. Wat 15 na tsawon awa 12 bai wuce 180 ba a ma'aunin batir, alhali batir mai bolt 12 da amfiya 100 yana ɗauke da 1,200 a rubuce. Ƙaramar za ta kwana a kan ɗan inbata da sola, babbar kuwa ta ƙwaƙule shi tun kafin tsakar dare. Wanda ya ga duhun da Arewa ta shiga a Oktoban 2024, sama da mako guda ba wuta, ba sai an yi masa dogon bayani ba. Wanda kuma ba shi da halin sayen komai, in yana da laftof mai RAM 8GB ya sa VirtualBox, ya kafa OPNsense da baƙuwa ɗaya a bayanta. Ba uzuri.

Matakin farko, kada ka taɓa rautar gida. Ka bar ta yadda take. A cikin Proxmox akwai gada ta farko mai suna vmbr0, wadda ke haɗe da ramin waya na zahiri zuwa rautar. Ka ƙirƙiri gada ta biyu, vmbr1, wadda ba ta haɗe da kowane rami. Ka ba OPNsense ƙafa biyu, ta waje a vmbr0, ta ciki a vmbr1, sauran baƙin duk ka jona su a vmbr1. Shi ke nan, ka samu ƙaramin gida a cikin gida, kuma duk ɓarnar da ka yi a ciki ba ta hana Hajiya kallon wa'azi a YouTube ba. Ka lura da abu ɗaya tun farko. OPNsense tana zuwa da adireshin 192.168.1.1 a ƙafarta ta ciki, kuma rautoci da yawa shi suke amfani da shi. In ciki da waje suka zama unguwa ɗaya, saƙo ba ya sanin inda zai bi. Ka canza na ciki zuwa wani abu kamar 10.10.10.1. Sannan kalmar sirrin da ta zo da ita, ka canza ta kafin ka yi komai, kada ka zama ɗan uwan waɗanda Mirai ta kwashe.

Daga nan karatu ya fara, kuma irin karatun da bidiyo ba ya bayarwa. Za ka rubuta dokar hana wani abu ka ga bai hanu ba, ka yi ta juyi, sai ka gane ana karanta dokoki daga sama zuwa ƙasa ne, wadda ta fara dacewa ita ke aiki, kuma akwai dokar "kowa ya wuce" a saman taka. Za ka gane ana rubuta doka a ƙafar da saƙo ke shigowa ne. Za ka toshe hanya ka ga tsohuwar magana na ci gaba, saboda katangar tana riƙe da sunan wanda ya riga ya fita, sai ka share kundin. Za ka yi ƙoƙarin raba kwamfuta biyu da ke unguwa ɗaya ka kasa, domin maganarsu ba ta bi ta zaure kwata-kwata, sai ka raba su da VLAN ko ka ba kowacce gadarta. Za ka toshe ƙofa ta 53 ka ga komai ya tsaya alhali layi na nan, daga ranar ba za ka sake manta aikin DNS ba. Wanda ya sha waɗannan da hannunsa, in an tambaye shi a intabiyu, amsarsa daban take. Gani ya kori ji.

Babbar fa'idar yin ta a matsayin baƙuwa ita ce hoton hali. Kafin ka yi wani babban canji, ka danna Proxmox ta ɗauki hoton yadda komai yake. In ka lalata, cikin minti ɗaya ka koma. Wannan ke cire tsoro, kuma mai tsoron taɓawa ba ya koyo. A kan katangar ƙarfe, kuskure ɗaya zai iya cinye maka yini.

Akwai kuma maganar doka, wadda nake so ƙannena su ji da kyau. Dokar laifukan intanet ta 2015, wadda aka yi wa gyara a 2024, ta haramta shiga kwamfuta ko sadarwar wani ba da izininsa ba. Cewa "gwaji nake yi" ba ya fitar da kai. Ina ganin yara suna sauke Kali Linux, suna auna nmap a shafin makarantarsu ko na wani banki, har su ɗora hoton abin da suka gani. Kai ɗan uwa, shaidar kanka kake tarawa. A ɗakin gwajinka kuwa kai ne maharin, kai ne mai gadi. Ka sa Kali a gada ɗaya, ka sa Metasploitable, wadda da gangan aka cika ta da ramuka don koyo, a wata gadar, katanga a tsakaninsu. Ka kai hari, ka koma ka duba me aka rubuta a kundi. Ka kunna Suricata ka ga ko za ta kama ka. Ka buɗe Wireshark ka kalli saƙon ɗaya bayan ɗaya. Ba wanda zai zo nemanka.

Yanzu ga inda manyanmu a harkar suke jayayya da ni, kuma maganarsu tana da nauyi. Suna cewa katangar tsaro ba ta zama baƙuwa, a ba ta nata ƙarfe ita kaɗai. Dalilinsu uku ne. Na farko, duk lokacin da ka kashe mai masauki don gyara, intanet ɗin gida gaba ɗaya ya tafi. Na biyu, in katangar ta ƙi tashi, ita ce ke raba adireshi, ga shi sai da adireshi za ka shiga Proxmox ka gyara ta, makulli na cikin ɗaki kai kana waje. Na uku, bangon da ke tsakanin baƙo da mai masauki ma yana tsagewa. A 2015 an gano ramin da aka yi wa laƙabi da VENOM a cikin QEMU, wadda Proxmox ke amfani da ita, ramin da zai iya ba baƙo damar fita daga ɗakinsa. An toshe shi, amma ya nuna abin mai yiwuwa ne.

Na yarda da su a kan banki da asibiti, da duk inda minti biyar na rashin layi yake nufin asara. A kan ɗakin koyo kuwa ban yarda ba, domin can faɗuwar ita ce darasin. Tsakiyar maganar ita ce gida. In kana so katangar nan ta zama ainihin ƙofar gidanku, ga ƙa'idojina.

1. Ka sa mata rami biyu na zahiri aƙalla, na waje daban. Ka nemi katin Intel, domin FreeBSD ta fi shiri da shi a kan Realtek. In kwamfutar tana da VT-d, ka miƙa wa katangar katin waje kacokan, ta yadda mai masauki ba ya ko ganinsa. In gada za ka yi amfani da ita, kada ka ba Proxmox adireshi a kan gadar waje.

2. Ka ba Proxmox adireshi tsayayye, ka rubuta shi a takarda ka manna a jikin kwamfutar, kuma ka iya sa wa laftof ɗinka adireshi da hannu. Ranar da katangar ta ƙi tashi, ta nan za ka shiga.

3. Ka saita ta tashi da kanta in an kawo wuta, tun daga BIOS, kuma katangar ta zama ta farko a jerin baƙi. Ka zare filogi da gangan ka gwada. In ba ta dawo ba sai ka taɓa ta, ba ta isa zama ƙofar gida ba.

4. Dukan saitin OPNsense yana fita a fayil ɗaya ƙarami. Ka sauke shi bayan kowane canji, ka ajiye a wani wuri da ba cikin wannan kwamfutar ba. Ba a fafe gora ranar tafiya.

5. Tsohuwar rautar ta zauna a kusa da saitinta, ka nuna wa wani a gidan wace waya zai zare ya mayar ina. Ranar da kake Zariya abu ya lalace a Kano, bai kamata ƙanwarka ta rasa cike fam ɗin jarrabawa saboda sha'awarka ba.

6. Shafin sarrafa katangar da na Proxmox, mai ƙofa 8006, kada ka taɓa buɗe su ga intanet. In kana son shigowa daga nesa ka bi ta WireGuard, ko Tailscale in kana bayan CGNAT. Kuma ka riƙa sabuntawa. Katanga ma abin hari ce. A Afrilun 2024 an yi ta kutse ta wani rami a katangun Palo Alto, waɗanda manyan kamfanoni ke biyan maƙudan kuɗi a kansu. Tsada ba ta hana rami.

In ka cika waɗannan, gida zai ci moriya. Za ka ware talabijin da kyamara da akwatin nan mai arha a unguwarsu, su hau intanet amma ba sa ganin laftof ɗin da kake harkar banki a kai. Baƙi su samu nasu layin. Tun da NCC ta amince da ƙarin kashi 50 cikin ɗari a kuɗin kira da data a Janairun 2025, sanin wace na'ura ke shan me ya zama maganar aljihu, kuma katangar za ta nuna maka, har ka iya taƙaita wa mai haɗama. Za ka iya toshe shafukan talla da na batsa da na caca ga dukan gida ta hanyar DNS. Za ka iya jona layi biyu, in ɗaya ya faɗi ɗayan ya karɓa da kansa. Mun ga amfanin wannan ranar 14 ga Maris 2024, da wayoyin ƙarƙashin teku da suka haɗa da MainOne, WACS, SAT-3 da ACE suka lalace, bankuna da layukan waya suka rikice. Sai dai layin na biyu ya zama na wani kamfani daban mai wata hanyar daban, in ba haka ba tare za su kwanta.

Amma kada wani ya tashi daga nan yana ganin ya samu laya. Yawancin kuɗin da ake kwashewa daga asusun mutanenmu ba ta rauta ake bi ba. Kira ne ake yi a ce daga banki, mutum ya karanto lambar da aka turo masa da bakinsa. Saƙo ne na tallafin ƙarya, ya danna ya zuba BVN. Lambar WhatsApp ce mai lamba shida ya miƙa da hannunsa. Katanga ba ta hana mai gida buɗe ƙofa, kuma wayarka da ta fita daga gida ta hau datar layinta, ta bar katangar a baya. Yawancin saƙonnin yanzu ma a kulle suke tafiya, katangar tana ganin inda suka nufa ne, ba ta ganin abin da ke ciki. Sanin iyakar kayan aikinka yana cikin abin da ɗakin gwaji ke koyarwa.

Kira na ƙarshe ga malamanmu na sashen kwamfuta a jami'o'i da kwalejojin fasaha, da masu cibiyoyin koyarwa. Duk wanda ya taɓa leƙa sito na irin waɗannan wurare ya san akwai kwamfutocin da ƙura ta rufe, an ce sun tsufa. Guda biyar daga cikinsu da suwic ɗaya sun isa ɗalibai ashirin su koyi abin da allo ba zai koya musu ba. A ba su aiki a aikace: ga sadarwa, ka raba ta uku, ka hana wannan, ka bar wancan, ka nuna mana a kundi. Masu ɗaukar ma'aikata ma, ku daina tsayawa a ƙirga takardu, ku ce wa yaro ya zana muku ɗakin gwajinsa a farar takarda ya yi bayani. Cikin minti goma za ku san wanda ya taɓa ƙona hannu.

Ku kuma ƙannena, ku haɗu ku uku ko huɗu ku yi karo-karo ku sayi guda ɗaya in kuɗin ya yi wa mutum ɗaya yawa. Ku riƙa rubuta abin da kuka gina, da zane da hotuna, domin shi za ku nuna gobe a wurin neman aiki. Wanda ya kafa tasa ya maƙale a wani wuri ya yi magana, akwai masu sani a cikinmu da za su kama masa.

Allah ya ba mu ilimi mai amfani, ya tsare mana dukiya da mutunci. Amin.